Inuwar Umma a Furen Bara

"Wasiƙa kuma, har da kan sarki? Ko saurayi ne mai tsoron waya?" Da wannan maganar mai gidan hayarmu ta tare ni a bakin matakala, ta ɗaga ambulan ɗinki sama kamar ta kama ɓarawo. Na ce mata yayata ce. Ta miƙo min a sanyaye, da alama na ɓata mata labarin da ta yini tana shiryawa.

Yaya, gafarta min da na fara daga tsakiya. Ina gaishe ki da kyau, ina gaida Baba da Baban yara, da fatan gwiwar nan taki ta daina yi miki tsiya a kan bene. Ni lafiyata lau, in ban da murar da nake kwasa a ɗakin gwajin irin da nake aiki, inda aka fi kula da lafiyar ƙwayar wake fiye da ta mutum.

Na gane dalilin komawa takarda. Baba ya kurmance ga duk wanda ya ce masa ya ci abinci, amma a ɗaga waya a ƙuryar gida, zai ji har numfashin na can gefen. To mu ci gaba a haka.

Kin rubuto cewa tun bayan rasuwar Umma ya tare a ɗakin ɗinkinta, ya ja labule, ya zauna gaban tukunyar furen bara da ke kan teburin nan mai kallon taga. Kina so in gaya miki, da ilimin da aka tura ni in yo, ko abin da yake gani gaskiya ne. Gaskiya ne. Tsiron nan yana shan hasken rana ya ɓoye a saiwarsa, sai shekara ta zagayo ya dawo da shi ta furen, bi da bi, yadda ya karɓa. Safiyar bara a safiyar bana, la'asar a la'asar. In gajimare ya gifta bara, furen zai dushe yau a daidai lokacin. In mutum ya tsaya tsakaninsa da taga, duhu zai hau furen ta gefen da ya shigo, ya zauna, ya sauka ta gefen da ya fita. Ba fuska, ba murya, ba aljani. Hasken ba shi da ƙarfi, shi ya sa sai an ja labule ake ganinsa. Mu a nan muna da su jere a wani ɗaki, kuma abin da suke nuna mana kullum shi ne inuwar mai shara.

Saboda haka inuwar da ke hawa furen da la'asar ta Umma ce, ban musa ba. Wa ke shiga ɗakin nan a lokacin in ba ita ba?

Amma akwai abin da dole in faɗa, tunda ni aka tambaya. Bara war haka saura kaɗan Umma ta kwanta, kuma ba ta ƙara tsayawa da ƙafarta ba. Ranar da inuwar za ta daina zuwa tana tafe, ba mai tare ta. Sannan duk yinin da labule yake a rufe, tsiron bai ci komai ba. Baba yana cin rumbu ne ba shuka, baɗi ba abin da zai fito sai duhu, in ma tsiron ya kai baɗin. Shi ma Baban ba na jin jikinsa yana gode wa wannan zama. Shawarata a buɗe labule, a fitar da Baba ya sha iska, tun kafin ranar ta zo ta same shi a zaune.

Na san za ki ce magana ta zo wa Auta da sauƙi tunda tana nesa. Ki faɗa, na saba. Ki dai riƙa shafa man nan a gwiwar.

Ƙanwarki,
Auta

*

Auta,

Bayan gaisuwa, da fatan murar ta sake ki. Mu nan sai godiya. Gwiwa tana nan da halinta. Baban yara yana gaishe ki, ya ce in tambaye ki ko a bokon naku akwai maganin mijin da aka bar wa gida shi kaɗai, don ya gaji da ƙwai da burodi. Baba yana cin abinci kamar tsuntsu.

Takardarki ta iso. Na karanta a tsaye, na zauna na sake karantawa, ina neman wurin da kika ce ko da Allah ya ji ƙan Umma ne, ban samu ba. Sai "a buɗe labule, a fitar da Baba", kamar kina ba masu aikin otal umarni. Wato a share ɗaki a manta. Ke da kika zo kika yi 'yan kwanaki kika koma wurin wakenki, ba ki san abin da yake kallo ba. Bari in gaya miki.

Kin tuna yadda Umma take yi in Baba ya dawo daga maɗaba'a? Ya turo ƙofa ya tarar ta duƙufa kan keken ɗinki ko tana fama da tukunya, ta ɗago da ƙyar ta ce, au, har ka dawo? Shi kuma ya ce da zai kwana a titi, sai da safe za ta lura. Tun muna yara haka ake, har mun haddace. Ashe shi abin yana cinsa a rai, bai taɓa faɗa ba.

To inuwar nan tana zuwa tun rana ba ta yi sanyi ba, tun kafin a tashi daga maɗaba'a. Ta tsaya, ta tsaya, ba motsi. Can daidai lokacin da yake shawo kwanar mai kemis ya doshi ƙofar bene, sai ta zame fit, kamar yarinyar da aka kama tana leƙen baƙi. Ranar da ya fara nuna min, hannuna ya riƙe a cikin duhun ya ce, "Kin gani? Gudu take ta koma kan keke. Ashe jirana take yi, 'yar duniya." Ya yi dariya har da tari. Daga baya ban san me dariyar ta koma ba, don ba na ganin fuskarsa.

Wannan ne kike so in yaye masa labule a kai? Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Ni ce nake ganin yadda yake gyara fuska ya canza riga kafin la'asar. In ba don inuwar nan ba, ban san me zai tashe shi daga gado ba. Ranar da kika ambata ni ma na san da ita, ita ce ke hana ni sukuni. Abin da na so ki ce shi ne akwai wani taki ko ruwan magani da za a zuba wa tsiron ya maimaita kwanakin nan, ko ya ja su a hankali. In akwai, ki aiko. In babu, kar ki ƙara min da wa'azi.

Ni kam na zama kujera a gidan nan. In na kai masa shayi sai ya ce ajiye can, ko ɗagowa ba ya yi. Na haƙura, uba ne.

Yayarki

*

Yaya,

Ina gaisuwa, ina kuma tambayar lafiyar kowa, ko da yake na fara jin kamar mai sallama a ƙofar gidan da aka tashi. Na rubuto, shiru, ga wata kuma. Na buga waya, Baba ya ɗauka, ya ce kowa lafiya, ya ce ana jiransa, ya ajiye. Mai gidan hayarmu ma ta fara tausaya min, ta ce haka maza suke.

Allah ya ji ƙan Umma. Ga shi na rubuta, in kina so in sake da babban baƙi. Ban sa a waccan ba don na ɗauka tsakanina da ke ba sai an sa ba, kamar yadda ba na rubuto miki cewa ina da hanci. Ban ce a manta ba. Cewa na yi kar ranar ta riske shi ba shi da komai sai kujera da duhu. Bakina ne bai iya kwana-kwana ba. Kin san Umma kan ce in na je ta'aziyya sai an bi bayana da ban haƙuri.

Taki babu, magani babu. Na tambayi ogana, wanda ya tsufa a kan tsiron nan. Ya ce an gwada sanyi, an gwada hana shi ruwa, an gwada yanka saiwa, abin da aka samu matattun tsirrai da takardun digiri. Kowace rana sau ɗaya yake ba da ita.

Labarin gudun Umma kuwa ban san shi ba, kuma bai bar ni na yi aiki ba. Na shiga ɗakin duhunmu na zauna gaban tukwane, ina kallon inuwar mai sharar bara tana kai da kawowa, har oga ya leƙo ya tambaya ko na gano wani sabon abu. Na ce masa mura ce.

In fushi kike, ki yi shi a rubuce. Na fi iya ɗaukar zagi a kan shiru.

Auta

*

Auta,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kina lafiya. Kwantar da hankalinki, ba fushi ba ne, ko in ce fushin bai kai ya hana ni rubutu ba. Takardunki suna wurin mai kemis na ƙasa. Mai kawo wasiƙa ya bar masa, shi kuma ya cusa su cikin kwalin magani ya manta. Sai jiya ya hawo da su yana sosa ƙeya.

Ko da sun zo ma ba lallai in samu zama ba. Baba ya faɗi. Ya miƙe daga kujerar nan bayan inuwa ta tafi, jiri ya kwashe shi, ya bugi gefen keke. Goshi ne ya fashe, an ɗinke, ba karaya. Shi ya hana in gaya miki a waya. Likita ya duba ƙafafunsa da suka kumbura, ya tambaye ni yaushe rabon dattijon nan da rana. Ya ce dole ya riƙa takawa. Kin ji, maganarki ce ya maimaita, sai dai shi da murmushi ya faɗa. Baba ya ce to, muka dawo gida, ya wuce ɗakin ya ja labule da bandeji a kansa.

Ga wata kuma. 'Yarki, babbar 'yata, watanta ya tsaya can garin aurenta, haihuwar fari, kuma ba kowa a wurinta sai mijin nan nata da ganin jini ke sa shi suma. Tana kirana tana kuka. Na duba, na sake dubawa, tafiyata za ta faɗa daidai kwanakin da inuwar za ta ƙare. Ga uba, ga 'ya, jikina kuwa ɗaya ne.

Ki zo. Wannan karon ba shawara nake nema ba, ke nake nema. Ki gaya wa ogan naki wake ba zai gudu ba. Kar ki taɓa masa labule, kar ki yi masa bayani. Ki dai zauna kusa da shi, in ya miƙe ki riƙe masa hannu. Maganinsa na safe yana saman firij. Yana ɓoye shi a ƙarƙashin harshe, sai kin ja shi da magana za ki gane.

Abin da kika rubuta a kan hanci ya ba ni dariya, ban so ba.

Yayarki

*

Yaya,

Da fatan kin sauka lafiya, kin samu 'yata da ƙarfin jiki, mijinta kuma yana tsaye da ƙafafunsa. Baba yana nan, an cire ɗinkin, yana shan magani bisa tilas. Ni kuma a gadonki nake kwana, na gano ramin da kika yi wa katifar.

Da na shigo ya dube ni sama da ƙasa ya ce an turo masa sufeto. Na ce ba labule ya kawo ni ba. Ya ce mu gani.

Ɗakin yana nan yadda na san shi, da warin man keke, da gwangwanin maɓallai, da almakashin da aka hana mu taɓawa. Ya nuna min ƙaramar kujera, na zauna. Na ga furen nan ya fi a ƙirga a wurin aiki, amma ban taɓa ganin wanda ya sha hasken tagarmu ba. Ruwan zuma ne, yana kwance a kan furen kamar garwashin da ake hurawa a hankali, har da siririn layin duhu inda ƙarfen taga ya ratsa. Sai inuwar ta hawo. Yaya, na yi niyyar in kalle ta da idon ma'aikaciya. Ta tsaya, can ta ɗan karkata yadda take yi in za ta gyara ɗankwali, sai na ji na miƙe zaune na haɗa gwiwoyina, kamar za ta juyo ta ce in zauna kamar mace. Da ta zame a guje, Baba ya ce min a hankali, shi ne ya shigo ke nan.

Duk fargabar da muka yi ta yi a kan yadda za a gaya masa, ɓata lokaci ne. Ana gobe ranar, yana shan shayi, ya ce, "Gobe ba za ta zo ba. Da hantsi ta faɗi a kicin." Ya faɗa kamar mai ba da labarin motar da ta fasa tashi. Ashe yana sane fiye da mu.

Washegari duk da haka ya gyara fuska, ya sa riga, muka zauna. Haske ya zo, ya yini, ya tafi, ba abin da ya gifta. Haka kwanakin asibiti suka biyo, fure tas, ɗaki ba kowa. Ya daina neman reza. Abincin da kika ce na tsuntsu ya koma na kiyashi. Na yi masa tayin mu sauka ko wurin mai kemis ne, ya ce in sauka in gaishe shi. Na tambaye shi me muke jira yanzu, ya ce ba komai, nan ne dai kujerarsa take. Ba zan ɓoye miki ba, na fara tsayawa bakin ƙofarsa da safe ina sauraron numfashinsa kafin in ɗora ruwan shayi.

Shekaranjiya kuwa sai ga inuwa.

Ta zo a makare, da sauri, kamar wadda ta baro tukunya a wuta. Ta fi ta Umma faɗi. Ba ta tsaya cak ba, tana sauya nauyi daga wannan ƙafa zuwa waccan. Daidai lokacin shigowar Baba ta juya ta bar wurin. Jiya ma haka, yau ma haka. Bara war haka ne aka dawo da Umma daga asibiti, aka sa mata gado a ɗakin nan don ya fi iska, kuma ni da ke mun san ko zama ba ta iya yi sai an tallafe ta.

Baba ya matso da kujera har hancinsa ya kusa taɓa furen. Ya ƙura mata ido, sannan ya ce, "Wannan ba ita ba ce. Ita ba ta rawar ƙafa." Ya tambaye ni wace ce, na ce ni tsiro na karanta, ba mutane ba. Ranar ya cinye rabin burodi, yau kuma ya nemi rezarsa.

Ni dai mutum ɗaya na sani mai ciwon gwiwa a gidan nan. Me kike nema a bakin taga?

Auta

*

Auta,

Albishirinki, kin yi jika. Mace ce, mai ƙaton baki irin naki. Jiya da hantsi ta iso, uwa da 'ya lafiya. Uban ya suma kamar yadda aka zata, nas ta tsallake shi ta ci gaba da aikinta. Gwiwata ta samu hutu, gidan nan ba bene. Ya jikin Baba? Ya naki haƙurin?

Tambayarki ta zo min a ba-zata. Wallahi na manta tukunyar tana bayana a lokacin, ban taɓa kawowa za ta tona ni ba.

Ni ce. Umma ce ta sa ni. Da aka dawo da ita, ita ta matsa wa Baba ya koma aiki, ta ce zamansa a kanta yana ƙara mata ciwo. Yini take yi a kwance, ido rufe, wata ran ruwa ma sai da cokali. Amma da rana ta karkata sai ta ce, duba min titi. In je in tsaya. Da na hango hularsa a kwanar mai kemis sai in ruga, in ɗaga ta in jingina da filo, in ɗaura mata ɗankwali, in zizara mata kwalli, in ɗora mata ƙyalle da allura a cinya. Kafin ya gama hawa benen mun shirya. Ya shigo, ta ɗago ta ce, au, har ka dawo? Ya zauna ya yi ta murna jiki ya yi sauƙi. Yana tashi zuwa wanka take sulalewa, in yi ta mata fifita. Akwai ranar da ta ciji leɓenta har jini, na ce masa tsagewar sanyi ce.

Ta sa na yi mata alkawari ba zan gaya masa ba. Ta ce mutumin nan in ya san gaskiya ba zai iya hawa bene ba. Na riƙe har ta tafi, na riƙe bayanta. Shi ya sa ranar da ya kama hannuna a cikin duhu na kasa cewa komai, ni da na san jiran ya wuce wanda yake gani.

Kar ki gaya masa, don Allah. Ki ce mai aiki ce, ki ce iska ce ke kaɗa wani abu. Ke ce mai ilimi, ki nemo abin faɗa. Yana ganin ta tafi cikin sauƙi, ki bar masa wannan.

Yayarki

*

Yaya,

Barka da arziki. Allah ya raya, ya ba uwar lafiya, ya ƙara wa uban jini. Batun baki kuwa gado ne, a yi haƙuri. Mu nan lafiya. Kar ki firgita da wanda ya miƙo miki wannan takarda. Ki fara ba shi kujera da ruwa, sannan ki karanta. A tasha nake rubutawa, a kan cinyata, shi ya sa rubutun ya karkace.

Ban gaya masa ba. Ƙaryar ma na gwada, na ce wataƙila mai aiki ce. Ya ce mai aikin da muka taɓa yi siririya ce kamar tsinke, kuma ban iya ƙarya ba, in bari. Na ba shi labarin haihuwa, ya yi murna, ya yi addu'a, ya ce ashe zai ga tattaɓa-kunne, ya koma ɗakin. Ya yi kwanaki yana kallon inuwarki. Sai dai na lura ba zuwanta yake kallo ba, tafiyarta yake bi. Ta Umma takan zame ta gefen keke. Taki ta gefen gado take faɗawa.

Shekaranjiya, bayan ta tafi, bai miƙe ba. Ya ce duk tsawon jinyar bai taɓa shigowa ya tarar da Umma a kwance ba. Kullum a zaune, da ɗankwali, da kwalli, da ɗinki a cinya. Kuma ƙyallen nan ɗaya ne, shuɗi, bai taɓa ganin ɗinkin ya matsa gaba ba. Ya ce har likita ya yi wa gardama, ya ce masa matarsa ɗinki ma take yi. Sai ya juyo ya ce, "Yini take a kwance, ko?"

Na ce Yaya ce ta sani.

Ya sunkuyar da kai. Na shirya wa kuka, na shirya wa faɗuwa, har na matso da hannuna. Abin da ya fito daban. Ya ce, "Yarinyar nan ita kaɗai take ɗaga ta? Da wannan gwiwar?" Na ce ga alama. Ya ce kuma shi ne yake ce miki ajiye can. Ban taya shi ba, ban kuma kare shi ba.

Daga nan ya tambaye ni ina takalmansa na fita. Mun same su a ƙarƙashin gado sun ƙandare, ya zauna ya shafa musu mai da kansa. Jiya muka gwada sauka. Ya huta a kowane hawa, ya tsaya a ƙofar bene yana ƙifta ido kamar wanda aka sako daga kurkuku. Mai kemis ya fito yana ta zuba sannu, Baba ya ce masa ya ji labarin yadda yake riƙon amanar wasiƙu. Muka taka har kwana muka dawo.

Na tuna masa cewa inuwarki tana da sauran kwanaki a furen, in ya tafi za su wuce ba mai gani, kuma ba sa dawowa. Ya ce ya sani. Ya ce mai inuwar tana da baki, zai je ya ji daga gare ta. Saboda haka ki shirya, tambayoyi ne fal cikinsa. A ganina alkawarinki ya sauka, tunda ba ke kika karya ba. Ki gaya masa duka, har da leɓen. Zai iya. Umma ta san mijinta, amma a wannan kam ba ta ƙiyasta shi daidai ba.

Tukunyar mun sauke wa matar mai kemis ta riƙa ba ta ruwa. Ta ce ita fure fure ne, ta ajiye a baranda kusa da igiyar shanya.

Ni hutuna ya ƙare, oga ya fara aiko da gaisuwa mai ma'ana. Motar Baba ce za ta fara tashi. Na damƙa shi a hannun direba, na sa masa maganin a aljihun gaba, ki duba ƙarƙashin harshen. Tawa sai an jima. Ki sumbaci mai bakin a madadina.

Da safen nan na riga shi fita da jakunkuna, na tsaya a kan matakala. Ya zagaya ɗakunan shi kaɗai. Na ji ya buɗe nan ya rufe can, ya daɗe a ɗaya. Da ya fito ya ce in riƙe masa sanda, ya ja ƙofar da hannu biyu, don kin san sai an ɗaga ta take shiga. Ya murza makulli, ya jijjiga mariƙin ya tabbatar, ya karɓi sandarsa. Ya ce, "Wuce gaba, Auta, ni a hankali zan sauko." Na ɗauki jakunkunan na fara sauka.

Ƙanwarki,
Auta